Sunan Asma'u: ma'anarsa, asalinsa da matsayinsa a ƙasar Sakkwato

Tambaya: Wani bawan Allah daga unguwar Mabera a nan Sakkwato ya rubuto cewa Allah ya sauki maiɗakinsa lafiya, an samu ɗiya mace, kuma mahaifiyarsa ta nemi a yi wa tata mahaifiyar takwara, wato a raɗa wa jaririyar suna Asma'u. Sai dai wani abokin aikinsa ya ce masa sunan ba shi da wata ma'ana ta kirki, domin “sunaye” kawai yake nufi da Larabci, don haka gara ya cika shi ya zama Asma'ul Husna. Yana neman bayani a kan ma'anar sunan da asalinsa, yana kuma tambaya ko Nana ɓangare ne na sunan da ya kamata ya shiga takardar haihuwa.

Amsa: Malam, barka da samun ƙaruwa. Allah ya raya ta a kan Musulunci, ya ba mai jego lafiya, ya kuma saka wa Inna da alheri, domin zaɓin da ta yi ba shi da abin kushewa ta fuskar harshe, ko ta addini, ko ta tarihin garin nan.

Abokin aikinka ya faɗi wani yanki na gaskiya. Akwai kalmar asma'u a Larabci wadda take jam'in ismu, wato suna, kuma ita ce ta zo a Suratul Baƙara, aya ta 31, inda Allah yake ba da labarin cewa ya sanar da Annabi Adamu sunaye dukkansu. Kuskurensa shi ne ɗauka da ya yi cewa daga nan kaɗai sunan mace ya fito, alhali malaman nahawu sun daɗe da tattauna wannan batu. Sibawaihi, jagoran malaman nahawu na Basra a ƙarni na 2 na Hijira, ya tafi a kan cewa asalin sunan Wasma'u ne, daga wasama, wadda ke nufin kyawun fuska da kwarjini, a kan ma'auni ɗaya da Hasna'u da Hamra'u, sai aka mayar da wawun farko hamza, kamar yadda ya faru a kalmar ahad wadda asalinta wahad ce. A wannan fahimta, Asma'u na nufin kyakkyawa, mai kyan gani, wadda alamar kyau ta bayyana a fuskarta. Mubarrid, wanda ya zo a ƙarni na 3, shi ne ya ce jam'in ismu ne aka ɗauka aka mayar sunan yanka. Ni dai ra'ayin Sibawaihi ya fi kwanta mini, saboda Larabawa sun saba sa wa 'ya'yansu mata sunaye a kan wannan ma'auni, kuma siffar kyau ta fi dacewa da abin da iyaye ke nufi a ranar suna fiye da jam'in wata kalma. Ko da kuma an bi Mubarrid, sunan bai zama fanko ba, domin malaman Basra suna ganin ita kanta kalmar ismu ta fito ne daga sumuwwu, wato ɗaukaka. Daga nan ne ma'ana ta uku da ake yawan gani a shafukan intanet ta samo tushe, inda ake fassara sunan da “maɗaukakiya”, ko da yake kalmar da ke ba da wannan ma'ana kai tsaye rubutunta dabam ne, ba ta da hamza a ƙarshe.

Wasalin “u” da muke ƙarasa sunan da shi ba ƙari ba ne daga Hausawa. Rufu'ar Larabci ce, wadda Balarabe ke yar da ita idan ya tsaya a kan kalma, mu kuma muka riƙe ta saboda kalmomin Hausa sun fi son ƙarewa da wasali, kuma ta hanyar karatun allo da na zaure sunayen suka shigo mana. Abin da ya ba mu Asma'u shi ne ya ba mu Hauwa'u da Zainabu da Hafsatu da Bashiru. Larabawan farko har maza suna sa wa wannan suna, akwai sahabi Asma'u bin Harisa daga ƙabilar Aslam, amma tun da daɗewa ya rinjaya a kan mata, kuma a ƙasar Hausa ba a san shi ga namiji ba.

Akwai kuma wani abu da nake so abokin naka ya lura da shi. Bahaushe Musulmi ba ƙamus yake buɗewa ba idan zai raɗa wa ɗansa suna, mutumin da ya ɗauki sunan yake dubawa, yana fatan albarkacinsa. Asalin kalmar Khadija a Larabci na nuni ga jaririyar da aka haifa kafin cikar watanninta, wadda muke kira bakwaini, Fatima kuma daga yaye ta fito, amma ba a taɓa jin wanda ya ƙi sunayen nan saboda haka ba, domin Nana Khadija da Nana Fatima ake tunawa. Abin da shari'a ta hana shi ne suna mai mummunar ma'ana ko mai yabon kai, shi ya sa Manzon Allah (SAW) ya canza wa wata ɗiyar Sayyidina Umar suna daga Asiya mai nufin saɓo zuwa Jamila, ya kuma mayar da Barra zuwa Zainab. Ya zauna da mata da dama masu suna Asma'u a Makka da Madina, bai canza wa ko ɗaya ba.

Babbarsu, kuma wadda sunan yake komawa gare ta a wurin Musulmi, ita ce Asma'u ɗiyar Sayyidina Abubakar Siddiƙu, yayar Nana A'isha ta wajen uba, wadda take cikin waɗanda suka riga shiga Musulunci a Makka. A daren Hijira, lokacin da Annabi (SAW) da mahaifinta za su fita, ita ta haɗa musu guzuri, da aka rasa abin ɗaure bakin jakar abinci da salkar ruwa sai ta kwance ɗamararta ta tsaga ta biyu ta ɗaure su. Daga nan ta samu laƙabin Zatun Niɗaƙaini, ma'abuciyar ɗamara biyu. Bayan fitarsu Abu Jahal ya zo ƙofar gida yana tambayar inda mahaifinta yake, ta ƙi ba shi abin da yake nema, ya mare ta har ɗan kunnenta ya faɗi. Kakanta Abu Ƙuhafa, wanda a lokacin ya makance kuma bai musulunta ba tukuna, ya shigo yana cewa Abubakar ya tafi da dukiyarsa duka ya bar su hannu wofi. Sai ta tara duwatsu a inda mahaifinta ya saba ajiye kuɗi, ta rufe su da ƙyalle, ta kama hannun tsohon ta ɗora a kai domin hankalinsa ya kwanta, alhali babu ko dirhami ɗaya a gidan. Ta yi Hijira da tsohon ciki, ta haihu a Ƙuba, kuma ɗan nan nata, Abdullahi bin Zubair, shi ne jariri na farko da aka haifa wa Muhajirai a Madina.

Zamanta da mijinta Zubair bin Awwam ya fara cikin talauci. Ita da bakinta ta ba da labari, kamar yadda Bukhari ya ruwaito, cewa ita ke ba dokinsa abinci, ta ɗebo ruwa, ta ɗinke guga, ta kwaɓa gari, ta kuma ɗauko ƙwallayen dabino a ka daga gonarsa mai nisa, har sai da mahaifinta ya aiko mata da mai taimako. Ita ce kuma ta tambayi Annabi (SAW) game da mahaifiyarta Ƙutaila da ta kawo mata ziyara Madina ba ta musulunta ba, ya umarce ta da ta sadar da zumuncinta, hukuncin da malamai ke kafa hujja da shi har yau. Ta rayu kimanin shekara 100. A shekara ta 73 bayan Hijira, da rundunar Hajjaju bin Yusuf ta kewaye Makka, ɗanta Abdullahi ya zo neman shawararta tana tsohuwa idonta ya tafi, kuma masu tarihi sun kawo cewa ta ce masa idan ya san a kan gaskiya yake ya ci gaba, da ya nuna fargabar a wulaƙanta gawarsa sai ta ce fiɗa ba ta cutar da tunkiya bayan an yanka ta. Bayan an kashe shi Hajjaju ya zo yana tambayarta yadda ta ga abin da ya yi, ta amsa masa, kamar yadda yake a Sahihu Muslim, cewa ya ɓata wa ɗanta duniyarsa, ɗanta kuma ya ɓata masa lahirarsa. Ta rasu ba da daɗewa ba a wannan shekara.

Akwai kuma Asma'u bint Umais, wadda ta yi hijira zuwa Habasha tare da mijinta Ja'afar bin Abi Ɗalib, daga baya ta auri Sayyidina Abubakar, bayansa kuma Sayyidina Ali. Sai Asma'u bint Yazid daga Ansar, wadda ake kira mai magana da yawun mata, saboda ita ke zuwa gaban Annabi (SAW) da tambayoyinsu.

Duk wannan ya isa hujja ga kowane Musulmi a ko'ina yake. Amma kai Basakkwace ne, kuma a garin nan idan aka ce Asma'u, kafin tunani ya kai Makka sai ya fara biyawa ta Hubbare, inda kabarin Shehu Usmanu ɗan Fodiyo yake. Nana Asma'u ɗiyar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo an haife ta a Degel wajen shekarar 1793, mahaifiyarta Maimuna ta rasu tana ƙarama, sauran matan Shehu suka rene ta. Abin da ya kamata mai neman asalin suna ya sani shi ne tagwaye aka haife su, ita da ɗan'uwanta Hassan. A al'adarmu sunan tagwaye a yanke yake tun kafin ranar suna: Hassan da Husaini, ko Hassana da Husaina, wanda ya biyo bayansu kuma Gambo. Shehu ya bar wa namijin sunansa na al'ada, ita kuwa ya fitar da ita daga wannan layi ya kira ta Asma'u, wanda ke nuna zaɓi ne aka yi da niyya. Kimanin shekara goma bayan haka, a watan Fabrairun 1804, jama'ar Shehu suka yi hijira daga Degel zuwa Gudu saboda matsin Sarkin Gobir Yunfa, kuma yarinyar da aka sa wa sunan jarumar Hijirar Annabi tana cikin ayarin. Ta ga yaƙin Tabkin Kwatto da yunwa da ƙaurar shekarun da suka biyo baya, kuma daga baya ta tsara tarihin wannan tafiya a waƙe, wadda Hausawa suka sani da Waƙar Gewaye.

An aurar da ita ga Giɗaɗo ɗan Laima, aminin yayanta Muhammadu Bello kuma wazirinsa, kuma daga zuriyarsu gidan Wazirin Sakkwato ya ci gaba har zuwa kan marigayi Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997, wanda kuma a wurinsa aka samu da yawa daga rubuce-rubucenta. Ta haddace Alƙur'ani, ta yi rubutu da Larabci da Fulfulde da Hausa, kuma ayyukanta da suka iso gare mu sun kai kimanin 60. Hikimarta a rabon harsunan ita ce abin burgewa: Larabci ga malamai, Fulfulde ga jama'ar gidan Shehu, Hausa kuma ga talakawa da matan karkara, waɗanda su ne mafi yawa kuma su suka fi bukata. Ita ta mayar da waƙar Shehu ta Tabbat Haƙiƙa daga Fulfulde zuwa Hausa, waƙar da har yanzu ake rerawa a garin nan. Ta tsara waƙa mai jero sunayen surorin Alƙur'ani domin sauƙaƙa wa mata hadda, ta yi wata a kan mata salihai tun daga matan Annabi har zuwa na zamaninta, ta kuma yi marsiyya ga Bello bayan rasuwarsa a Wurno a 1837. Marsiyyoyinta ba su tsaya a kan manya ba, ta yi wa maƙwabciyarta, ta yi wa ɗaya daga cikin jajinta, tana yabonsu da haƙuri da sulhunta mutane da kula da marayu.

Babban aikinta shi ne 'Yan Taru, tsarin da ta kafa wajen shekarun 1830 domin ilimi ya isa ga matan ƙauyuka waɗanda aure da reno suka hana su barin gida. Daga kowane gari takan zaɓi mace dattijuwa mai hankali da amana ta naɗa ta jaji, sunan da fatake ke kiran ja-gaban ayari, ta ɗora mata malfa ta naɗa mata jan rawani a kai. Malfar nan a da alama ce ta Innar Gobir, shugabar bori, sai Nana ta ɗauki abin da mata suka riga suka sani suna girmamawa ta mayar da shi alamar karatu. Jaji kan jagoranci tsofaffin mata da 'yan matan da ba su kai aure ba, su tako da ƙafa zuwa Sakkwato ɗauke da sadakar hatsi da zuma da man shanu, wadda Nana ke rabawa mabukata, su zauna su haddace waƙoƙin da ke koyar da tauhidi da tsarki da salla da tarihin Annabi, su koma su koya wa waɗanda suka bari a gida. Saboda haka aka kira ta Uwar Gari. Ta rasu a 1864, aka rufe ta kusa da mahaifinta a Hubbare, ƙanwarta Maryam ta ci gaba da aikin. Makarantun 'yan mata da ɗakunan kwanan ɗalibai da ƙungiyoyin mata masu ɗauke da sunanta a Arewacin Nijeriya suna da yawa, kuma mai yiwuwa ita kanta kakar taka albarkacin wannan baiwar Allah aka nema aka sa mata sunan.

A nan zan faɗi abin da yake damuna, domin ya shafi tambayarka kai tsaye. Hausawa na cewa suna linzami ne, amma linzami ba ya kai doki ko'ina sai da mai riƙe da shi. A ƙauyukan da jajin Nana suka riƙa takowa daga cikinsu, yau akwai yara mata masu amsa sunan Asma'u da ke yawo da farantin talla a ka a lokacin da ya kamata suna gaban malami. Shehu da kansa, a littafinsa Nurul Albab, ya yi kakkausar suka ga malaman da ke koyar da almajirai a zaure su bar matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, ya kuma nuna cewa ilmantar da su wajibi ne a kan mai gida. Uban da ya zaɓi wannan suna a Sakkwato ya ɗauki alkawari a gaban jama'a ko bai furta ba, kuma cika shi shi ne allo da littafi, Islamiyya da boko, har inda ƙwaƙwalwar yarinyar ta iya kai ta.

Batun Nana kuwa, ba ɓangaren sunan ba ne. Kalmar girmamawa ce da muke gabatarwa ga sunayen matan Annabi da 'ya'yansa da manyan mata irin 'ya'yan Shehu, shi ya sa muke cewa Nana A'isha, Nana Fatima, Nana Asma'u. Da yawan amfani sai ta zama laƙabi mai zaman kansa, har za ka ji ana kiran yarinya Nana kawai, sai ka bincika ka tarar sunanta na yanka A'isha ne ko Asma'u. Liman zai raɗa Asma'u, Nana kuma ta zauna a bakin mutanen gida. Tunda sunan kakarka ne, ka sani cewa Inna ba za ta iya kiransa gatsau ba, maiɗakinka ma haka, saboda alkunya, don haka laƙabi zai fito ko ka so ko ba ka so ba: Nana, ko Ummi, ko Mama, ko Hajiya, ko Ma'u a bakin ƙawaye idan ta girma. Ga wanda zai nemi shawarata, Nana ya fi dacewa, domin ya haɗa kunyar kaka da tunawa da ɗiyar Shehu.

Asma'ul Husna kuwa ba na ba ka shawarar sa shi. Wannan lafazi a Alƙur'ani, kamar a Suratul A'araf aya ta 180, sunayen Allah kyawawa yake nufi, kuma babu sahabiya ko ɗiyar Shehu da aka kira da shi. Kamannin lafazi ne ya sa mutanenmu suka haɗa su, har Husna ta zama laƙabin masu suna Asma'u a gidaje da dama. Kiran yarinya Husna shi kaɗai babu laifi, kalma ce mai nufin mafi kyau, amma ɗaukar jumlar gaba ɗaya a mayar da ita sunan yanka yana raba sunan da matan da aka sa shi dominsu, yana kuma jawo ambaton abin da ya keɓanta da Allah a wurin kira da faɗa da wasan yara. Sunan a cike yake, ba ya bukatar ciko.

Game da ranar suna, a mazhabar Malikiyya da muke bi dabba ɗaya ake yankawa ga mace ko namiji, a rana ta bakwai, kuma ba a ƙirga ranar haihuwa idan bayan fitowar alfijir aka haihu, shi ya sa wadda aka haifa Talata da hantsi sunanta ke faɗawa Talata mai zuwa. A yi aski, a yi sadaka da kimar nauyin gashin na azurfa ko zinariya, a raba goro da dabino gwargwadon hali, ba tare da cin bashi ba.

Idan ka je yin rajistar haihuwa a ofishin Hukumar Ƙidayar Jama'a ta Ƙasa ko a asibitin da aka haife ta, ka rubuta Asma'u kaɗai, sannan sunanka, kuma ka duba takardar da idonka kafin ka bar wurin. Wasu na'urorin ba sa karɓar alamar hamza da ke tsakanin “a” da “u”, sai sunan ya fito Asmau, wani magatakarda kuma ya rubuta Asma ko Asama'u yadda kunnensa ya ji. Yadda aka rubuta a takardar farko, haka za ka riƙa bi a rajistar firamare da lambar NIN da jarrabawar WAEC da NECO da JAMB, domin bambancin harafi ɗaya, ko Nana da ta shiga wata takarda ba ta shiga wata ba, yakan kai iyaye ga yin takardar rantsuwa a kotu a daidai lokacin da yarinya ke shirin shiga jami'a.